Tsagar da Sharhabilu Ya Toshe

A shekarun da jirgin ƙasa bai daɗe da isowa Kano ba, lokacin da Turawa suka fara bin ƙauyuka suna auna gonakin mutane, akwai wani mashigin kogi a arewa da Aujara wanda duk mai zuwa Kafin Hausa da damina sai ya bi ta kansa. Fito a mashigin nan na gidan Jaji ne tun kaka da kakanni. Jaji shi ne Sarkin Fito, shi ke da iko da manyan gorunan da ake haye da mutane, da kwale-kwalen maɗaci da ake ɗora kaya da awaki. To amma Jaji ya tsufa, gwiwa ta fara ƙin ruwan sanyi, kuma kowa ya san ba da jimawa ba dagaci zai naɗa wani. Abin da ba a sani ba shi ne wa zai naɗa: ko ɗan Jaji na fari, Sharhabilu, ko kuwa Sale, wani ɗan fito daga ƙetare wanda gidansu suka daɗe suna haɗiyar yawu a kan sarautar.

Sharhabilu yana son rawanin nan, so ba na wasa ba. In kuma gaskiya za a bi, ya cancanta. Ban da fito, masassaƙi ne mai hannu. Turmin da ya sassaƙa sai ya ga jikokin amaryar da aka saya wa, kwale-kwalen gidansu kuwa shi ke musu faci tun gemunsa bai tsiro ba. Aibinsa ɗaya ne, amma babba: bakinsa bai iya furta "ban sani ba". A gidansu akwai wata al'ada ta masassaƙa, cewa mai kaya ya faɗi abin da yake so ya kama gabansa, masassaƙi ba ya bin sa da tambaya, don tambaya ta ɗan koyo ce. Tsofaffin gidan sun san ranar da ake riƙe al'adar nan da ranar da ake jingine ta. Shi kuwa Sharhabilu ya rungume ta hannu bibbiyu, ko barci yake ba ya saki.

Ana cikin haka sai ga Baturen awo daga barikin Dutse. Mutane sun sa masa suna Agwagwa, don ko kududdufi ya gani a hanya sai ya ja linzami ya ƙura masa ido kamar ya ga dangi. A bayansa ga 'yan alaro sun ɗauko wani dogon abu a lulluɓe, suna nishi. Da suka sauke shi a gindin tsamiyar bakin mashigi aka yaye, sai ƙauye ya watse ya dawo nan, har matan da ke wanki suka bar wanki.

Jirgin ruwa ne, amma ba irin wanda kowa ya taɓa gani ba. Tsawonsa bai fi na mutum biyu a kwance ba. Ba daga gungume ɗaya aka sassaƙa shi ba. Siraran katakai ne aka jera, kowanne ya ɗan hau kan ɗan'uwansa yadda ake baibayar ɗaki, aka ɗinke su da ƙananan ƙusoshin jan ƙarfe. Gabansa tsini, cikinsa da faɗi, bayansa a datse. Akwai doguwar sanda da ake kafawa a wani gurbi wajen gaba, da farin zane mai kauri da ake ja da igiya ya hau ta, da wata sandar a kwance mai riƙe gindin zanen. A baya kuma matuƙi ne mai hannu, ana rataya shi a ƙugiyoyi yana juyawa kamar ƙyaure. Rashin nauyinsa ya fi komai ba mutane mamaki, don sai ga samari sun ɗaga shi suna dariya. A gefensa na dama kuwa katako ɗaya ya tsage, a inda wani ɗan alaro ya zame da shi a gangaren duwatsun Dutse.

Dagaci ya ce wa tafintan Bature, wani siririn mutum mai suna Idirisu, "Tambaye shi, wannan buhun gero nawa yake ɗauka?"

Idirisu ya tambaya ya juyo. "Ranka ya daɗe, ya ce ba na kaya ba ne."

"To na su ne?"

"Ba na su ba ne, ba na fito ba ne. Ya ce na shan iska ne. Mutum ya shiga, iska ta tura shi can, ta dawo da shi inda ya taso."

"Ya je ya dawo bai kai komai ba, bai kawo komai ba?"

"Haka ya ce, ranka ya daɗe."

Mutane suka sunkuyar da kai suna danne dariya. Dagaci dai bai yi dariya ba, don ya san mutumin da ke auna gonakin garinka, ko a kan kura ya ce zai yi sukuwa, sai ka riƙe masa likkafa. Agwagwa ya ce yana neman wanda zai gyara masa tsagaggen katakon nan kafin ya dawo daga rangadi, don ya ga inda kogin ya buɗe ya malale fadama, kuma zuciyarsa ta kwanta da wurin. Dagaci ya waiga ya yafito Sharhabilu.

Bature ya miƙa masa akwatin kayan aiki, da zarto da guduma da ƙusoshi, ya nuna masa tsagar katakon. Sannan ya yi wata 'yar doguwar magana, Idirisu ya fassara: "Ya ce jirgin nan ba irin naku ba ne. In akwai abin da ba ka gane ba, ka tambaya yanzu."

Akwai abin da bai gane ba kuwa, kusan rabin jirgin. Amma Sale na tsaye a gefe ya harɗe hannuwa, yana murmushin da bai kai zuci ba. Sharhabilu ya gyara tsayuwa ya ce, "A gaya masa a cikin jirgi aka yanke mini cibiya."

Aka yi shewa. Dagaci ya ɗaga murya yadda kowa zai ji ya ce, "To madalla. In aikin nan ya yi kyau, ni kuma an rage mini wani dogon tunani." Babu wanda bai gane tunanin da yake nufi ba.

Washegari Sharhabilu ya sa aka kifa jirgin a kan gumagumai, ya zauna yana shafa shi. A nan, da babu mai kallo, ya yarda a ransa cewa bai taɓa ganin aikin itace irin wannan ba. Kowace ƙusa an lanƙwasa bakinta ta ciki an kwantar. Haƙarƙarin da ke riƙe katakan siraran itatuwa ne da aka tanƙwara ba tare da sun karye ba, ya rasa ta yaya. Yana cikin shafawa sai hannunsa ya faɗa rami.

A tsakiyar gindin jirgin, daidai inda ya kamata ya fi ko'ina ƙarfi, akwai wata doguwar tsaga, tsawon kamu ɗaya, faɗinta ya ɗauki yatsu biyu. Ya leƙa, ya hango ƙasa ta ciki. Ya sa aka birkice jirgin, ya ga ashe ta ciki an kewaye tsagar da wani siririn akwati mai tsayin gwiwa, bakinsa a buɗe. Ya tsaya ya riƙe ƙugu. Jirgi da rami a gindi! Shi da ya ƙare ƙuruciyarsa yana cusa auduga da ƙaro a duk inda kwale-kwale ya yi 'yar kafar da allura za ta shiga.

A cikin kayan jirgin kuma akwai wani dogon allo mai santsi, kansa da kauri da wurin riƙewa. Ya ɗauka ya gwada shi a bakin akwatin, sai ya zurma sumul, kan ya zauna daram a sama. Sharhabilu ya yi dariya. "Ashe marfi ne." Amma da ya duba ta ƙasa, sai ya ga marfin ya zarce gindin jirgin ya yi tsawon ƙafar mutum. A nan ne ya girgiza kai don tausayin masassaƙan Turawa. Duk ɗan fito ya san cikin jirgi sumul ake son sa. Kogin nan yau zurfi, gobe yashi ya tashi a tsakiya. Abin da ya leƙo ƙarƙashin jirgi ko ɗan yatsa ne, shi zai kafe ka a tudun yashi ko ya kifar da kai da kayan mutane. Ga shi kuma yana neman siririn katako irin na jirgin don faci, maɗaci ya yi nauyi, ƙirya ta yi tauri. Sai ga allo, iri ɗaya, launi ɗaya, da ragowar da ba ta da amfani. Ya ji kamar an sauke masa kaya.

Da hantsi matarsa Zuwaira ta kawo masa fura. Ya nuna mata ramin yana ba ta labarin wautar Turawa. Ta leƙa, ta leƙa, ta ce, "Maigida, ni dai ko tukunya aka ba ni aro na ga huda a gindinta, kafin in liƙe sai na tambaya ko madambaci ce."

"Ke da tukunya, ni da jirgi," in ji shi. "Na taɓa shiga madafinki na ce tuwo ya yi ruwa?"

"Kullum," in ji ta, ta ɗauki ƙwaryarta ta tafi.

Bayan la'asar sai ga Jaji yana dogara sanda. Tsakanin Jaji da Sharhabilu akwai kunyar ɗan fari. Tun da aka haife shi uban bai taɓa zama da shi su yi hira ido da ido ba. In yana da magana sai ya faɗe ta ga iska, wanda aka yi dominsa ya tsinta. Tsohon ya zauna a bakin jirgin, ya zura hannu cikin akwatin, ya daɗe yana lalube. Ya ɗauki allon ya juya shi, ya bi gefensa da babban yatsa. Sannan ya fuskanci kogi ya ce:

"Wanda ya jera ƙusoshin nan ba mahaukaci ba ne. Mai irin wannan hannu ba ya mantuwa ya bar rami a gindin jirgi. Cikin akwatin nan kuma a goge yake, abu ya daɗe yana shiga yana fita." Ya tofar da yawu. "Da ni ne, katakon da aka nuna mini kaɗai zan taɓa. Dutse kuma ba Makka ba ce, mai ƙafa yana zuwa ya tambayo Turawan bariki ya dawo."

Sharhabilu ya ji. Ba ji kawai ba, maganar ta zauna masa, don shi ma yatsansa ya ji santsin nan tun da safe ya yi kamar bai ji ba. Amma sai ya hango kansa a kan hanyar Dutse, ya hango labari ya haye kogi ya isa kunnen Sale: wanda aka yanke wa cibiya a jirgi ya tafi bariki a koya masa jirgi. Ya ɗauki gizago ya shiga feƙe wani guntun itace da ba ya bukatar fiƙa, ƙwas, ƙwas, har tsohon ya gaji ya tashi. Tun Jaji bai kai ƙofar gida ba Sharhabilu ya sa wa allon zarto.

Aikin kuwa ya yi kyau, wannan ba a ƙwace masa. Ya fitar da siririn faci ya kwantar a kan tsagaggen katakon, sai an nuna maka za ka gane wurin. Ya yanki wani ya cusa a tsagar gindin ta ƙasa, ya bi da auduga da ƙaro da man kaɗe, ya goge har cikin jirgin ya zama sumul yadda Allah ya so jirgi ya kasance. Kan allon kuwa, ɗan guntun da ya rage mai wurin riƙewa, ya mayar da shi bakin akwatin ya liƙe da ƙaro, don kada a ce ya zubar da marfin mutane.

Ranar da Agwagwa ya dawo, tun da safe Sharhabilu ya sa aka tura jirgin ruwa, aka ɗaure shi a inda ruwan ya kai ƙirji, don kowa ya gani da idonsa ko ɗigo bai shiga ba. Gari ya cika bakin kogi, har mutanen ƙetare. Iskar damina na kaɗowa daga gabas. Bature ya cire takalma, aka kai shi a kwale-kwale. Ya shafa facin ya gyaɗa kai. Ya kalli kan allon zaune a bakin akwati, ya yi wata magana yana dariya.

Idirisu ya ƙwala daga gaɓa, "Ya ce kai gwani ne! Ya ce har allon ma ka gane aikinsa ka sa masa a wurinsa!"

Mata suka rangaɗa guɗa. Dagaci ya kalli Sharhabilu ya yi murmushi. Shi kuwa Sharhabilu kalmar "aikinsa" ce ta tsaya masa a rai. Marfi wane aiki gare shi da har za a yaba wa wanda ya gane? Akwai sauran dama. Bature bai kwance igiya ba tukuna, muryar mutum tana isa. Ya buɗe baki, ya ga Sale, ya rufe.

Agwagwa ya kafa sanda, ya ja zane ya hau, ya rataya matuƙi, ya kwance igiya. Iska ta cika zanen, ya kumbura fari tas, har tsofaffi suka yi salati don kyan abin. Bature ya saita hancin jirgin arewa, wajen buɗaɗɗen ruwa. Hancin ya kalli arewa, amma jirgin bai tafi arewa ba. Yamma ya nufa, a karkace, da gefe, irin tafiyar ƙaguwa. Agwagwa ya murɗa matuƙi, ya ja igiya, ya saki igiya, jirgin dai sai zamewa yake a kan ruwa kamar faifai, yana nufar taɓon da shanun Fulani ke shan ruwa. Bature ya miƙe tsaye ya kama kan allon ya ja. Ya ƙi. Ya sa hannu biyu ya ja da ƙarfi. Ƙaron ya saki gaba ɗaya, ya tafi da baya riƙe da ɗan guntun katako, sandar gindin zanen ta juyo ta make shi a kafaɗa, jirgin ya kwanta a gefe ya kife.

Ruwan wurin bai kai ƙugu ba. Agwagwa ya miƙe, taɓo tun daga gashi har ƙafa, hularsa na tafiya da ruwa, guntun allon na hannunsa yana kallo. Yara suka fashe da dariya, iyaye suka bi su da mari. Sharhabilu ya ji da ƙasa za ta buɗe da ya gode mata.

Aka jawo jirgin gaɓa aka kifa. Bature ya durƙusa ya ga inda aka toshe, ya bi shi da yatsa. Da ya yi zagi ko ya ɗaga bulala da abin ya zo wa Sharhabilu da sauƙi. Maimakon haka sai ya tsinci kara ya zana jirgi a kan yashi, ya zana allo a ƙarƙashinsa, yana magana a hankali, Idirisu na bi.

"Ya ce iska tana tura jirgi ta gefe. Allon nan shi ke shiga ruwa ya dafe, ya hana jirgi zamewa, sai ya rasa hanya sai gaba. Da shi jirgi ke iya tafiya ko iska na fuskantarsa, yana ratsawa dama da hagu. In an zo wuri marar zurfi, sai a zare shi sama, shi ya sa aka yi masa wurin riƙewa. Ruwa kuma ba ya shiga ta tsagar, don bakin akwatin ya fi ruwa tudu." Idirisu ya saurara ya ƙara, "Ya ce itacen daga ƙasarsu ya zo, da hannun mahaifinsa aka yi shi. Yana tambaya, me ya sa ba a tambaye shi ba?"

Abin da ya fi ƙona Sharhabilu shi ne sauƙin maganar. Tun Bature bai gama zanen ba ya gane komai, sarai, har ya ga wayon abin ya burge shi. Da ya yi tambaya ɗaya, da ta raba shi da wannan rana.

Dagaci kuwa gumi yake, hankalinsa na kan gonakin da ba a gama aunawa ba. Ya daka tsawa: "Wa ya ce a yanka allon nan? Aikin da aka ba da faci ne. Wa ya ba da wannan shawara?"

Sharhabilu ya ji sarautar fito tana sulalewa daga gidansu zuwa ƙetare, ya ga Sale ya matso gaba. Yana tattara yawun da zai yi magana, sai ya ji murya a bayansa.

"Ni ne, ranka ya daɗe."

Jaji ne. Ya dogara sandarsa ya fito fili, ya durƙusa da ƙyar.

"Yaron nan ya ce a je Dutse a tambaya. Na ce masa ni da na shekara sittin a ruwa ba a koya mini jirgi. Na ce ya toshe, ya yanka. Ɗa kuwa ba ya musu da ubansa."

Duk idanu suka juyo kan Sharhabilu. Dagaci ya ce, "Haka aka yi?"

Zuwaira na cikin mata, ya ga ta ja mayafi ta rufe baki tana kallonsa. Kalma ɗaya ake nema, a'a, kuma ba ta da nauyi. Ya sunkuyar da kai ya kalli yatsun ƙafarsa a cikin yashi. Aka ɗauki shirun a matsayin ladabin ɗa mai jin nauyin tona ubansa, har wani dattijo ya ce, "Allah ya yi wa yaron nan albarka."

A nan take dagaci ya sa aka warware rawanin Jaji a gaban jama'a, don Bature ya ga an yi wani abu. Agwagwa ya ɗaga hannu kamar zai hana, ya ce ba sai an kai ga haka ba, amma dagaci ya riga ya yi nisa. Tsohon ya tsaya da 'yar hular saƙi a kan furfura, ya ce ya gode. Aka naɗe farin zanen, 'yan alaro suka ɗauki jirgin suka koma da shi Dutse. Kafin la'asar yara sun ƙirƙiro waƙar tsohon da ya toshe jirgi, suna bin sa da ita daga nesa.

Sharhabilu bai iya cin abinci ba. Da yamma ya sami uban a gindin tsamiya yana gyaran igiyar gora, ya durƙusa nesa kaɗan. Ya ce, "Baba, zan je wurin dagaci. Zan faɗi gaskiya. Wallahi ba zan iya ba."

Jaji bai ɗago ba. Ya ci gaba da tufka, ya ce wa igiyar, "In an je yanzu, tsoho ya zama maƙaryaci a gaban dagaci, bayan ya zama wawa a gaban gari. Yaro ya zama wanda ya yi shiru aka tuɓe ubansa. Fito kuma ya haye ƙetare, ba zai dawo ba. Lokacin magana da safe ne." Ya ƙulla igiyar ya ja ya gwada ƙarfinta. "A bar ni da abin da na saya."

Bayan sallar Juma'a dagaci ya tara mutane a ƙofar gidansa. Ya ce ya duba, ya ga Bature da bakinsa ya yaba facin, laifi kuwa an san mai shi. Ɗan da ya ga daidai amma ya bi umarnin ubansa, ya kuma rufa masa asiri a gaban jama'a, irinsa ake ba amanar rayukan mutane. Aka zaunar da Sharhabilu a kan tabarma aka naɗa masa rawanin, shi ne dai wanda aka warware daga kan Jaji, ko wanki ba a yi masa ba. Yana jin ƙanshin man kan tsohon a jikinsa.

Al'adar mashigin ita ce, in an naɗa sabon Sarkin Fito, duk ɗan fito sai ya zo ya tuɓe takalmi ya yi gaisuwa, babba da yaro. Suka jeru. Sale ya zo ya durƙusa, ya yi tasa a gajarce ya tashi. Sauran suka bi. Sharhabilu na amsawa da kai, yana addu'a a ransa Allah ya sa tsohon ya zauna a gida, don wanda aka tuɓe babu mai ganin laifinsa in bai zo ba.

Sai ya hango sandar a ƙarshen layi. Jaji ya iso, ya tuɓe takalmansa ya ajiye a gefe, ya jingine sandar. Sharhabilu ya yunƙura zai tashi, dagaci ya dafa kafaɗarsa ya mayar da shi. Tsohon ya sauka a hankali, gwiwa ɗaya, sannan ɗayar, ya dafa ƙasa da hannu biyu a gaban ɗansa.

"Ranka ya daɗe, Sarkin Fito. Allah ya taya ka riƙo."

Jama'a suka jira amsa. Amsar kuwa sananniya ce, sabon sarki kan ce wa kowane ɗan fito ya yarda da shi, ya ci gaba da aiki. Sharhabilu ya faɗe ta, hawaye na bin bakin rawanin, mutane na cewa farin ciki ne. Jaji ya miƙa hannu wani ya taimaka masa ya miƙe, ya ɗauki takalmansa ya koma bayan layi ya tsaya tare da sauran 'yan fito.